Mai Riƙon Faranti

Shekara goma sha ɗaya ina riƙe wa Nomau faranti.
Na tuwo ne, na uwarsa,
ya dirje shi da toka har ya yi ido,
ya ce, tsaya nan, tari rana,
juyo mini da ita ƙarƙashin haɓar tsohuwar can.

Da suna da walima ya fara, a Bagalam,
kamara ta aro, kaset guda ana shafewa ana maimaitawa,
jika biyu da ƙullin goro in an tashi.
Masu sha'ani suna ƙorafi:
mun kira ka ka ɗauki manyan baƙi,
ka tsaya kan hannun mai kwasar tuwo har minti uku!
Bai ba da haƙuri ba.
Bai kuma daina ba.

Hannu yake fara ɗauka, fuska daga baya.
Ya ce fuska ta iya gaisuwa,
hannu kuwa bai san ana kallonsa ba.
Hannun mai matsar ƙuli, hannun majemi da ya rine,
yatsun ɗan kabu-kabu suna ƙirga canji cikin ruwan sama.

Ba ya miƙewa tsaye da kamara.
Durƙusawa yake, daidai idon jar akuya,
ya ce daga nan ƙasa kowa yana da girma,
har yaron da aka aika sayen gishiri.

Wani darakta ya zo daga kudu da fitilu shida da inji,
yana so a wanke fuskar jarumarsa ta yi fari.
Nomau ya kashe biyar.
Ya ce baƙar fata ba duhu ba ce da za a kora,
tana da shuɗi, tana da ja kamar gyaɗa cikin ɓawo,
in ka yi mata ihu da haske sai ta yi shiru.
Ranar aka sallame mu.
Muka dawo a ƙasa, shi da jaka, ni da faranti,
yana nuna mini yadda inuwar gawo ta kwanta a kan gulbi.

Kwana tara muka yi a Madarumfa
muna jiran abin da bai kai shan shayi ba:
bayan la'asar sakaliya, kafin ladan ya gyara murya,
lokacin da tafki ke komawa kalar zuma
kuma masunci ya zama zane a jikin ruwa.
Na ce, ai jiya ma ya yi kyau.
Ya ce, jiya kyau ya yi, ba gaskiya ba.

An nuna aikin nan a ƙasashen da bai taɓa takawa ba.
Takarda ta zo da harshen da ba mu ji,
ya sa ta ƙarƙashin ƙafar tebur don ya daina rawa.
Kuɗin bai kai na sabon gilashi ba.

Yanzu yana ta rufe masa idon dama,
wanda ya shekara talatin manne da kamara,
na hagu kuma yana biye.
Kamara tana kafaɗata, tana da nauyin da ban zata ba,
wani yaro, Tanimun, ke riƙe farantin,
yana karkata shi kamar zai zubar da miya.

Da yamma nakan iske shi ƙofar gida, a Mokoyo,
ya juya kunci wajen faɗuwar rana.
Ba ya tambayar wa na ɗauka, ko nawa aka biya.
Sai ya ce, gaya mini, bangon Hajiya Barira,
ya kai jan ko da saura?

Na ce, ya kai.
Ya yi shiru, yana saurare da fatar fuskarsa.
Ya ce, a'a. Zauna tukuna.